Shinkafar Tenah

Thaddeus Chisolm ya yi shekara ashirin da shida yana dafa abinci a manyan otal-otal na New York kafin ya dawo gida Charleston, kuma bai yarda wani ya manta da haka ba. Ko gaisawa kuka yi a ƙofar coci, kafin ku rabu sai ka ji adadin shekarun. Ya dawo da takardar shaida a cikin gilashi, da wuƙaƙe tara a jakar fata, da wani ɗan ma'auni mai iya faɗin nauyin gishirin da ka ɗebo da yatsu biyu. Mu kuwa mutanen nan muna da son wanda ya je ya dawo. Sai muka shiga kiransa Shef, wato babban mai girki, har da waɗanda suka san shi yana yawo ba takalmi a tsibirin Wadmalaw.

A Belmarsh ya samu aiki, tsohon gandun shinkafa a bakin kogi, wanda yanzu ake buɗe wa baƙi su shiga su kalli kujeru da labulaye. Kowace shekara akan yi liyafar mutum sittin a gidan. A wannan shekarar aka ce duk abin da za a ci daga littafin girkin matar maigandun za a ɗauko shi, Misis Eugenia Trask, wadda ta rubuta shi da hannunta a 1841.

Aka ba Thaddeus littafin, ya sa safar hannu yana buɗewa a hankali. A shafin perlo, wato shinkafar da muke dafawa da kuɓewa da jatan lande a tukunya ɗaya, ya ga wani ɗan ƙaramin rubutu a can ƙasa: “Kamar yadda Tenah take yi.” Ya buɗe gaba, ya sake ganinsa a shafin miyar gyaɗa. Ya gan shi a shafin wainar shinkafa. Kafin ya kai bangon ƙarshe ya gan shi a shafuka har talatin da ɗaya. Ya je ya duba jerin sunayen bayin gandun, sai ga ta nan a tsakanin wani maƙeri da wata mai wanki: “Tenah, mai dafuwa.” Babu sunan uba, babu shekaru.

Ya wuce kai tsaye ofishin Misis Hollis, shugabar gidan, ya yi mata jawabi na kusan rabin awa. Ya ce shekara ɗari da tamanin ana cin abincin Tenah ana gode wa wata. Ya ce rabin abin da ƙasar nan take taƙama da shi a tebur daga hannun irin su Tenah ya fito. Gaskiya ya faɗa, kuma ya faɗe ta da kyau, har shi kansa ya ji daɗin muryarsa.

“Shef, ni ban ƙi ba,” in ji Misis Hollis. “Amma ka san ba ni kaɗai ba ce. Akwai kwamiti, shugabansu kuma Mista Alston Trask, daga zuriyar matar yake. Su kifi da miyar Faransawa suke so a tsakiyar tebur. Abin da za mu yi, ranar Alhamis su biyar su zo su ɗanɗana. In perlon ya yi musu, ya hau tebur, sunan Tenah ya hau katin abincin da za a ajiye wa baƙi. In bai yi ba, kifi, katin kuma ya tsaya yadda yake.”

“A gabansu zan dafa,” in ji Thaddeus. “A tsohon kicin, a murhun da ita ta yi aiki.”

“Zai ɗauki lokaci? Mutane ne masu hidima.”

“Littafi ya ce minti goma sha biyu. Ki ce su zo ƙarfe sha biyu. Sha biyu da kwata suna lasar cokali.”

Ranar Litinin ya gwada. Ya bi littafin daki-daki: a wanke shinkafa, a soya kuɓewa a kitsen ƙyafaffen nama, a zuba shinkafa da jatan lande da ruwa, a juya sosai, a tafasa minti goma sha biyu, a kai tebur. Ya juya sosai kuwa, da irin juyin da aka koya masa a makaranta, hannu ba ya tsayawa. Da ya sauke, abin da ya gani a tukunya ya fi kama da abin da ake liƙa takarda a bango da shi. Ya tsayar da cokali a tsakiya, cokalin bai faɗi ba.

Ya ce laifin shinkafa ne, ya sayo wata. Wannan karon ya rage ruwa, sai ta fito sama ɗanya, ƙasa ƙanzo. Ya ce laifin tukunya ne. Ranar Talata da safe ya canza tukunya, ya auna ruwan har sau biyu, ya sa agogo a gabansa. Ta caɓe fiye da ta farko, ga yauƙin kuɓewa yana bin cokali har sama. Ya zauna a kan kujera yana kallonta. Shi ne mutumin da ya tashi ƙwato wa Tenah sunanta, kuma shi ne zai sa mutum biyar su tafi gida suna cewa ashe abincin nata ba wani abu ba ne.

Akwai mutum ɗaya da ya san ba ta taɓa ɓata perlo ba, kuma ita ce wadda ya fi jin nauyin zuwa wurinta. Anti Ozella ƙanwar mahaifinsa ce, ita ta raine shi. Shekararta tamanin da ɗaya, tana nan a Wadmalaw a gidan katakon da aka haife ta. Zuwansa hutu na farko daga makarantar girki, ya tsaya a kicin ɗinta ya gaya mata cewa abincinta yana da daɗi, amma ba shi da ƙa'ida, tunda ba ta auna komai. Ta dai ci gaba da girkinta a ranar. Ba ta kuma manta ba.

Ranar Laraba da hantsi ya same ta a baranda tana gyaran wake, maficinta a cinya.

“A'a! Shef da kansa? Wa ya mutu?”

“Babu wanda ya mutu, Anti. Gaishe ki na zo.”

“Da buhun shinkafa a hammata? To na gaisu. Zauna ka faɗi abin da ya kawo ka, kafin ya shaƙe ka.”

Ya zauna. Ya fara da tarihin gandun, ya bi ta kan Tenah, ya soma shiga jawabin da ya yi wa Misis Hollis. Ta ɗaga mafici.

“Ɗan nan, ba coci muke ba. Shinkafarka ta caɓe, ko?”

“Sau biyu. Sau ɗaya kuma ta ƙone.”

“Da ma'aunin naka duka? Ikon Allah. Karanta mini abin da matar ta rubuta.”

Ya ciro takardar da ya kwafa, ya karanta mata a hankali. Da ya kai “a tafasa minti goma sha biyu, a kai tebur,” sai ta ce ya maimaita. Ya maimaita. Ta ajiye kwanon wake ta yi dariya har sai da ta share hawaye da gefen riga.

“Thad, ka shiga tsohon kicin ɗin nan na Belmarsh?”

“Kullum ina ciki.”

“A jikin gidan yake?”

“A'a, yana can baya, taku arba'in ko fi.”

“Yaya yake in an hura wuta a watan Agusta?”

“Ba a magana. Kamar an sa ka a tanda.”

“To ita wannan baiwar Allah, da rigunanta hawa huɗu da abin ɗaure ciki, minti nawa kake jin za ta yi a tsaye a ƙofa?”

Thaddeus ya sake duban takardar da ke hannunsa.

“Minti goma sha biyu ta yi,” in ji Anti Ozella. “Ta ga an soya, ta ga an zuba, ta ga tukunya ta tafasa, zufa ta karyo mata, ta koma baranda ana mata fifita. Ba ta sake ganin shinkafar ba sai a tebur. Abin da ta gani ta rubuta, ba ta yi ƙarya ba. Girkin dai bayan tafiyarta aka yi shi.”

“Amma ta ce a juya sosai.”

“Ta ga Tenah tana juya shinkafa a cikin kitse kafin ruwa ya shiga. Wannan juyi ne. In ruwa ya shiga, wanda duk ya sa cokali a tukunyar shinkafa a gidan nan, uwata sai ta kore shi har bakin rafi. Kai ba a gidan nan ka girma ba? Sau nawa ka ga na juya?”

Bai taɓa gani ba. Shekara goma sha takwas yana cin shinkafar nan kusan kullum, yana zaune taku uku daga murhu. Amma da ya ga rubutu a tsohuwar takarda, da tawada mai ruwan ƙasa da haruffa masu lanƙwasa, sai ya gaskata takardar ya ƙaryata idonsa. Ba shi kaɗai ba ne. Da yawanmu abin da kakarmu ta gaya mana ba ya zama gaskiya sai mun gan shi a littafi.

Ta tura shi kicin, ita kuma ta ja kujera ta zauna a ƙofa. Ta sa ya wanke shinkafar yana murza ta tsakanin tafukansa har ruwa ya fito garau. Ta sa ya soya kuɓewar har yauƙinta ya mutu. Jatan landen ta ce ya ajiye shi gefe tukuna. Da tukunya ta yi tafasarta, ta ce ya tsiyaye sauran ruwan, ya jera jatan landen a sama, ya yago jakar takarda irin ta kanti ya jiƙa ta ya shimfiɗa, ya rufe, ya mayar da wuta ƙasa-ƙasa har kamar ta mutu.

“A Belmarsh, janye tukunyar za ka yi gefen garwashi, inda za ka iya ajiye hannu ka ƙirga biyar.”

“Sai kuma me?”

“Sai ka zauna.”

“Na zauna na yi me?”

“Ka zauna kawai. Awa ɗaya. Ba a koya muku zama a New York ba?”

Wannan ne abu mafi wuya da Thaddeus ya taɓa yi a kicin. Ya goge teburin da ba shi da datti. Ya gyara jerin cokula. Bayan minti ashirin ya ce bari ya ɗan leƙa, don ya ga ko ruwa ya ƙone. Hannunsa bai kai murfin ba ya ji mafici a bayan hannu, tas!

“Kada ka taɓa! Tururin da za ka saki, kai za ka mayar da shi?”

“Anti, shekarata hamsin da huɗu fa.”

“Shinkafar ba ta sani ba.”

Da awa ta cika ta miƙa masa cokali mai yatsu. Ya buɗe, ya ɗaga takardar, ya tayar da shinkafar a hankali daga gefe. Ta tashi wara-wara, kowace ƙwaya da kanta, ta sha kitse da ƙamshin kuɓewa. Ya kai loma ɗaya, ya miƙa mata cokalin.

“Gishiri ya ɗan yi kaɗan,” in ji ta. “Amma laifin ma'aunin ne, ba naka ba.”

Ya kamo hanyar gari da murna. Sai da ya hau gada sannan ya tuna abin da ya faɗa wa Misis Hollis: sha biyu da kwata. Abin da ya kamata shi ne ya buga mata waya ya ce ya yi kuskure, a gaya wa kwamiti su zo da shirin zaman awa ɗaya da rabi. Ya ɗauki wayar sau uku a yammacin nan. Kowane karo sai ya kasa yarda ya ce “na yi kuskure,” ya ajiye. Ya gaya wa kansa cewa wataƙila su makara, ko kuma hira ta ɗauke su.

Ba su makara ba. Ƙarfe sha biyu daidai su biyar suka shigo tsohon kicin tare da Misis Hollis, Mista Alston Trask a gaba, dogon tsoho mai farin kwat da sanda. Suka kalli suya, suka yaba ƙamshi. Da tukunya ta tafasa, Thaddeus ya tsiyaye ruwa, ya rufe, ya janye ta gefen garwashi, ya tsaya a gabanta ya harɗe hannuwa.

Sha biyu da kwata ta yi, ta wuce. Misis Hollis ta dube shi, ta dubi agogo. Sha biyu da rabi wata mata ta fara fifita da takardar taro.

“Shef, lafiya dai?” in ji Mista Trask. “An ce mana kwata. Ni ina da likitan haƙori ƙarfe ɗaya da rabi, can cikin gari.”

“Saura kaɗan, yallaɓai.”

“Kaɗan nawa?”

“Minti arba'in da biyar.”

Wani ya yi tsaki a hankali. Mista Trask ya ce ai ko ba ta gama ba za su iya ɗanɗanawa su gane, sai ya matso ya miƙa hannu wajen murfin.

“Kada ka taɓa!”

Thaddeus kansa ya tsorata, don muryar da ta fito daga bakinsa ba tasa ba ce, ta Wadmalaw ce. Mista Trask ya tsaya da hannu a sama. A shekarunsa saba'in da bakwai, ba lallai ne wani ya taɓa daka masa tsawa a Belmarsh ba.

Tunda abin ya riga ya kai nan, sai Thaddeus ya faɗi gaskiya. Bai yi jawabi ba wannan karon. Ya ce shi ya yi kuskuren lokaci, don ya bi littafin kamar yadda yake, ya ɓata tukunya uku. Ya karanta musu shafin, ya nuna musu inda aka tsallaka daga tafasa zuwa tebur. Ya ce tsakanin kalmomin nan biyu akwai awa ɗaya da Misis Trask ba ta gani ba, saboda zafin da suke ji yanzu ya kore ta.

“Wannan awar ita ce girkin,” in ji shi. “In kun buɗe yanzu, abin da ta rubuta za ku ci. In kun jira, na Tenah za ku ci. Wanda ba zai iya ba, ga baranda can, akwai iska.”

Mutum biyu suka fita baranda, ba wanda ya ga laifinsu. Mista Trask ya kalli murhun. Sannan ya cire kwat ɗinsa, ya ja benci ya zauna.

“Kakar kakata ta yi minti goma sha biyu,” in ji shi. “Bari in ga ko zan fi ta. Misis Hollis, ki buga wa likitan nan ki ce haƙorin ya jira.”

Ya jira, rigarsa ta jiƙe sharkaf. Da aka buɗe tukunya ya ci faranti ɗaya, ya miƙa a ƙara masa. Ba a yi wata doguwar shawara ba. Kifi ya koma gefe, aka aika wa mai buga kati.

Ranar Asabar da la'asar, kafin baƙi su fara zuwa, Thaddeus ya aika mota ta ɗauko Anti Ozella. Ta zo da hularta ta zuwa coci. Ya kai ta ɗakin liyafa, inda aka jera kati sittin, kowanne a gaban farantinsa. Ya ɗauko ɗaya ya ba ta, ya ja baya yana jiran yabo. Ta sa tabarau ta karanta a bayyane.

“‘Perlon Tenah, wadda ta yi girki a wannan gida tana cikin bauta, 1841.’ Madalla. Allah ya ji ƙanta.” Ta sauko layi na biyu. “‘Shef Thaddeus Chisolm ne ya gano yadda take yinsa.’ To, to.” Ta juya katin ta duba bayansa, ta sake juyowa. “Thad, Tenah ta yi girkinta fiye da shekara ɗari kafin a haife ka. A mafarki ta gaya maka?”

Ya tuna ranar Alhamis. Ya faɗi sunan Tenah ya fi sau goma, ya faɗi na Misis Trask, ya faɗi kuskurensa ma har da ɗan alfahari. Bai ambaci Wadmalaw ko sau ɗaya ba.

“Anti, ni dai...”

“Kai dai ka tsaya a ƙofa ka gani, ka je ka rubuta. Ba kai ka fara ba.”

Ya dubi agogo. Saura awa ɗaya da kwata baƙi su iso, mai buga kati kuma ya rufe tun azahar. Ya ciro alƙalami daga aljihun farar rigarsa, ya sunkuya a kan katin farko, ya soke layi na biyu.

“Ozella Chisolm,” ya faɗa yana rubutawa.

“Ni ma ba daga sama na same shi ba. Sa Hattie Chisolm, uwata. Ita kuma a wurin Maum Rina ta koya, kakata.”

“Ita Maum Rina fa?”

“Ita ma wata ce ta koya mata. Ban san sunanta ba. Ka bar ɗan fili a wurin.”

Ya bar fili. Ya wuce kati na biyu, tana biye da shi da sandarta daga kujera zuwa kujera. Misis Hollis ta leƙo, ta ga abin da ake yi wa katunanta masu ruwan zinariya a gefe, ta buɗe baki, sai Anti Ozella ta gaishe ta da fara'a ta tambaye ta ko akwai wani alƙalamin. Aka samo. Misis Hollis ta fara daga wancan ƙarshen teburin.

A kati na goma sha tara Anti Ozella ta ɗaga ɗaya ta kai kusa da ido.

“Rubutun matar nan ya fi naka kyau nesa ba kusa ba. Wannan Hattie ce ko Hettie? Gyara. Kuma wa ka bari da tukunya?”

“Babu kowa, Anti. Tana gefen garwashi, a rufe.”

“To ci gaba. Saura arba'in da ɗaya, in ita ba ta riga ka ba.”